Kurakuran da ake yawan yi kan aikin Pedro Costa

Wanda ya fara bibiyar finafinan Pedro Costa, daraktan nan ɗan ƙasar Fotugal da aka haifa a Lisbon a 1958, yakan yi tuntuɓe a wurare kaɗan, kuma kusan duk a kan kyamara ne.

Na farko shi ne a ce shi ya ɗauki hoton duk finafinansa da hannunsa. Ba haka ba ne. Emmanuel Machuel ne ya riƙe kyamara a Ossos na 1997, Leonardo Simões kuma shi ya ɗauki Vitalina Varela na 2019. Gyaran mai sauƙi ne: a jira sunayen ma'aikata a ƙarshen fim kafin a yabi wani da aikin wani.

Kuskuren da ya fi damuna shi ne yadda ake ba da labarin No Quarto da Vanda na 2000, wanda shi kam Costa ne ya ɗauka da kansa. Sai ka ji an ce rashin kuɗi ne ya sa shi komawa ƙaramar kyamarar dijital. Tushen maganar yana unguwar Fontainhas, unguwar talakawa a gefen Lisbon da 'yan Cape Verde suka yi yawa. Ya san ta ne bayan ya ɗauki Casa de Lava a tsibirin Fogo na ƙasar Cape Verde, inda mutane suka ba shi wasiƙu da saƙonni ya kai wa danginsu da ke Lisbon. Da ya zo ɗaukar Ossos a can, manyan motoci da fitilu da tarin ma'aikata suka cika lunguna, hasken dare yana hana barci ga mutanen da za su yi sammakon fita aiki. Shi ya sa ya sauke kayan, ya dawo kusan shi kaɗai, ya zauna a ɗakin Vanda Duarte, wata 'yar unguwar, wata da watanni, ana rushe unguwar yana ɗauka. Mai son koyi da shi, zaman nan zai kwaikwaya tukuna. Sayen ƙaramar kyamara ba wuya.

Akwai kuma masu kiran finafinan nan labarin gaskiya tsantsa, don mutanen ciki suna amfani da sunayensu. Rayuwarsu ce, amma tare suke tsara maganar, a maimaita fitowa ɗaya sau da yawa. Vitalina Varela, matar da aka sa wa fim ɗin sunanta, ta iso Lisbon kwana uku bayan binne mijinta, daga baya ta sake taka wannan rana a gaban kyamara, har ta ci kyautar jaruma a bikin finafinai na Locarno a 2019, fim ɗin kuma ya ɗauki babbar kyautar bikin. A kira ta 'yar wasa, ta cancanta.

Duhun hotunansa kuwa da gangan ne. Kada ka ƙara hasken waya ko na talabijin, ka kashe fitilar ɗaki kawai.