Yadda ake ba raunin haɗarin keke da babur lamba a kundin ICD-10

Duk wanda ke aiki a sashen ajiye bayanan marasa lafiya ya san irin fayil ɗin da likita zai rubuta RTA, wato haɗarin hanya a taƙaicen Turanci, ya ƙara da karaya a ƙafa, ya sa hannu, shi ke nan. Idan ka tsaya a kan wannan, lambar da za ta rage maka ita ce V89.2, wato haɗarin abin hawa da ba a fayyace ba. Da irin wannan lamba babu mai iya sanin yara nawa mota ta kaɗe a kan keke a shekara. Ga yadda nake koya wa sababbin ma'aikata, bisa ICD-10, kundin lambobin cututtuka da raunuka na Hukumar Lafiya ta Duniya, wanda aka fara aiki da shi a 1994.

Kowane haɗari lamba biyu yake buƙata aƙalla. Ta farko ta raunin ce, daga Babi na 19, mai farawa da S ko T. Ta biyu ta sanadin ce, daga Babi na 20, kuma haɗarin hanya yana cikin V01 zuwa V99. Ga wanda aka kwantar, raunin ne ke gaba, lambar V ta biyo baya. A ƙididdigar mace-mace kuwa lambar V ce ake ɗauka a matsayin asalin sanadin mutuwa.

Ɓangaren rauni ba ya ba da wahala sosai. Karayar ƙashin kusa da wuyan hannu, wadda mai keke kan samu idan ya tokare ƙasa da tafi, S52.5 ce. Karayar tsakiyar ƙwauri S82.2. Buguwar ƙwaƙwalwa S06.0. Idan raunukan sun yi yawa, sa mafi tsanani a gaba, sauran su biyo ɗaya bayan ɗaya, kada ka tattare su a T07 don saurin gamawa. Karayar da ba a ce ƙashi ya huda fata ba, a rufe ake ɗaukar ta.

Inda aikin yake shi ne lambar V, kuma tambayar farko ita ce: shi wanda ya ji ciwon, a kan me yake? Ba abin da ya buge shi ake farawa da shi ba. Mai tafiya a ƙasa V01 zuwa V09. Mai keke V10 zuwa V19. Mai babur V20 zuwa V29. Na cikin adaidaita sahu V30 zuwa V39.

A nan ne maganar sukuta ke rikita mutane. Besfa da roba-roba da duk wani mai ƙafa biyu da inji, ICD-10 babur yake ɗaukar su, har keken da aka ɗaura wa inji. Amma sukutar yara da ake tsayawa a kai ana tura ƙasa da ƙafa ɗaya, mai ita mai tafiya a ƙasa ne, daidai da mai tura kura ko wanda ke kan keken guragu. Haka wanda tayarsa ta yi faci ya sauka yana tura kekensa: idan mota ta kwashe shi, V03 zai samu, ba V13 ba.

Tambaya ta biyu, da me ya yi karo? Lambar ƙarshe ta rukunin ce ke nuna wannan, kuma tsarin ɗaya ne ga keke da babur da adaidaita: 0 mutum ko dabba, 1 keke, 2 babur ko mai ƙafa uku, 3 ƙaramar mota ko a-kori-kura, 4 tirela ko bas, 5 jirgin ƙasa, 6 abin hawa marar inji kamar amalanken shanu, 7 abin da ke kafe kamar turken wuta, 8 faɗuwa ko kifewa ba tare da karo ba. Ɗan acaɓan da akuya ta gitta masa ya take ta, V20. Wanda yashi ya kwashe masa taya ya zube shi kaɗai, V28.

Ta uku ita ce bayan ɗigo: tuƙi yake ko goyo shi aka yi, kuma a titi ne? Ga keke da babur, .4 mai tuƙi a titi, .5 fasinja a titi, .3 lokacin hawa ko sauka, .0 da .1 idan a cikin gida ko gona ko filin makaranta ne. Idan ba a ambaci wuri ba, ƙa'ida ta ce a ɗauka a titi ne. Sai a yi hattara da adaidaita sahu, domin nasa jerin ya gusa da ɗaya: .5 direba, .6 fasinja, .7 wanda ya maƙale a waje. Tun da aka hana acaɓa a Kano a 2013 adaidaita ya cika gari, kuma hannun da ya saba rubuta .5 wa fasinjan babur zai mayar da matar da ke zaune a baya direba ba tare da ya lura ba.

Ga misali cikakke. Ɗalibi yana tuƙa kekensa zuwa Islamiyya, ƙaramar mota ta buge shi a shatale-tale, ya karye a ƙwauri, kai ya bugu. Lambobinsa S82.2 da S06.0, wadda likita ya ce ta fi tsanani ita ce gaba, sannan V13.4. Ƙaninsa da ya goyo a kariya V13.5 ne. Haɗari ɗaya, amma kowa da tasa.

Mai yi wa asibitocin Amurka aiki ta intanet zai tarar da ICD-10-CM, samfurin kundin na Amurka, wanda suka koma kansa a Oktoban 2015. Can ana ƙara harafi na bakwai: A lokacin da ake kan jinya, D dawowa don bibiya bayan an gama ainihin jinya, S illar da ta biyo baya. Ɗalibin nan zai zama V13.4XXA. A 2020 sun ƙara lambobi na sukutar lantarki ta tsaye, kamar V00.841 ga wanda ya faɗo daga kanta, a 2022 kuma suka ware keke mai batir a cikin rukunin babur. Kada ka kwaso waɗannan ka zuba a rajistar da ke bin kundin Hukumar Lafiya ta Duniya, ba za su zauna ba.

Abin da nake roƙon abokan aiki a ɗakin agajin gaggawa shi ne a yi tambayoyin nan uku tun waɗanda suka kawo mutum suna tsaye, domin da zarar sun watse, shi wanda kansa ya bugu ba lalle ya tuna ba. A rubuta har ko yana sanye da hular kwano, ko da yake lambar V ba ta da gurbin wannan. Idan fayil ya iso teburinka babu amsa, kada ka ƙirƙira. Ka mayar wa likitan da ya duba shi da 'yar takarda, ka jira ya cike.