Darasi na Tara: Kalmomin Turanci Masu Yaudarar Ido

A Hausa, abin da ka gani a takarda shi bakinka zai faɗa. Turanci ba haka yake ba. Ya ari kalmomi daga Faransanci da Latin da wasu harsuna, furuci ya yi ta sauyawa, rubutu kuwa ya tsaya cak inda yake.

Mu fara da colonel, muƙamin soja. Wanda ya bi haruffa zai ce "kolonel", ya sha dariya. Furucinta shi ne "kanal". Asalinta Italiyanci ne, ta biyo ta Faransanci inda a da ake rubuta ta coronel. Turawan Ingila suka riƙe wancan furuci, daga baya suka koma rubutun Italiya. Ashe da muke cewa Kanar, kunnenmu muka bi, kuma mun fi mai bin haruffa dacewa. Haka lieutenant: a Ingila "leftenant" ake cewa, a Amurka "lutenant". Namu Laftanar na Ingila muka ɗauko.

Ga wata da za ku gani a jarida: indict, wato a tuhumi mutum da laifi a hukumance. Ku ce "indait", harafin c ba ya fita. Masana ne suka cusa shi don kalmar ta yi kama da Latin, kamar yadda suka cusa b a cikin debt, bashi, da ake furtawa "det". Aikin banza ne dai, amma mun gāje shi.

Gaol kuwa gidan yari ne, tsohon rubutun jail, kuma furucinsu ɗaya: "jel". Kada ku rikita ta da goal ta ƙwallo, haruffa biyu ne kawai suka yi musanyar wuri.

Quay, wurin da jirgin ruwa ke tsayawa a sauke kaya, "ki" ake cewa. Queue, layin jira a banki ko asibiti, "kyu" ne kawai, sauran haruffa huɗun rakiya suka yi.

Aikin yi

Malami ya rubuta kalmomin a allo, ya faɗi kowacce sau uku, ɗalibai su maimaita ba tare da kallon allo ba. Sannan kowa ya kwafe indict da debt a littafinsa, ya ja layi ƙarƙashin harafin da ba a furtawa. A gida, a duba rasit na kanti ko kwalin magani, a kawo kalma ɗaya da ta gagara karantawa.