Kurakuran masu neman wasan Kofin Afirka a zangon AM

Duk sanda gasar Kofin Afirka ta zo, sai samarin fadarmu a unguwar Zango ta Damagaram su kakkaɓe rediyon tsoffinsu, su yi ta murɗe-murɗe har wasa ya yi nisa ba su kama komai ba. Kowace gasa kurakuran nan ne dai, na kuma gaji da faɗa baki da baki.

Zan fara da wanda ya ƙona mini rai, wato agogo. Ranar 11 ga Fabrairun 2024 aka yi wasan ƙarshe a Abijan, Najeriya da Kwaddibuwa. An ce ƙarfe 8 na dare, ban tsaya na tambayi agogon wa ba. Abijan agogon GMT suke bi, mu kuwa a Damagaram muna gaba da awa ɗaya, wasan ƙarfe 9 ne a wurinmu. Lokacin ana fama da ɗauke wuta, gari duhu, rediyona sai pil. Tun ƙarfe 8 na kunna, ban ji ƙwallo ba, na zaci tashar ta fasa. Na bar wurin da na kama da kyau, na shiga yawo daga wannan ƙarshe zuwa wancan, murya a ƙure, awa guda cur. Da ƙyar na komo tashar. Na ji Troost-Ekong ya ci wa Najeriya, na ji Kessié ya farke wa Kwaddibuwa, daga nan muryar mai sharhi ta fara shaƙewa kamar an danne shi da matashi, ta mutu. Ƙwallon Haller a minti na 81, wadda ta raba gardama Kwaddibuwa ta yi nasara 2 da 1, a ihun maƙwabta na ji ta. Tsohon da muka gayyato ya dube ni ya ce, "Ɗana, don wannan ka hana ni barci?" Har yau ina jin nauyin maganar. Yanzu in an ce GMT sai in ƙara awa ɗaya in rubuta a bango da gawayi, kuma ba na zama sai da sabbin pil a aljihu.

Na biyu eriya. Haba samari! Ku bar jan doguwar eriyar nan har kuna karya ta. Ta FM da gajeren zango ce. A yawancin rediyo, abin da ke kama AM, inda aka rubuta MW, wata sanda ce baƙa da aka naɗe da waya, kwance cikin akwatin. Rediyon ake juyawa gaba ɗaya. Tashoshin Kano suna kudu da mu, to ajiye shi a kan tabarma, fuskarsa ko bayansa na duban kudu, ka riƙa juyawa kaɗan-kaɗan sai murya ta fito tas. In wata tasha tana shigo maka, juyawar nan ce kuma za ta danne ta.

Sannan ku da ke jona caja kusa da rediyo kuna cewa tasha ba ta da kyau, ku ne kuka lalata ta. Cajar waya, fitilar LED, na'urar sola, janareto, duk ƙugi suke zuba wa AM. Na taɓa ganin yaro ya ɗora waya tana caji a kan rediyon, yana zagin mai sharhi. Ni doka ce a fadata: ana busa usur, kowa ya cire cajarsa, rediyo ya fito tsakar gida nesa da rufin kwano.

Kada ka gwada tasha da azahar ka yanke ƙauna. Da rana sararin sama yana shanye siginar AM, bayan magariba kuwa yana dawo da ita ƙasa, shi ya sa tashoshin nesa ke cika zangon da dare. Gwada a daren jajibiri, daidai lokacin wasan, ka sa alamar biro a wurin.

Rediyon cikin wayar hannu FM kawai yake kamawa, bar wahalar da kanka. Murɗawa a hankali ake yi, don tazarar kilohaz 9 ce tsakanin tashoshi a Afirka, hannu mai gaggawa yana tsallake uku bai sani ba. Kuma ba kowace tasha ke da izinin watsa wasa ba, saurari sanarwarsu tun da safe. Pil in za ka saya a Kasuwar Dole, duba ranar lalacewarsu, kada ka haɗa tsoho da sabo.