Kurakuran da aka fi yi wajen binciken al'adu a arewacin Kamaru

Kowace shekara ɗaliban jami'ar Marwa da ta Ngaundere suna fita ƙauyuka da takardar tambayoyi da waya a hannu, za su yi bincike kan aure, ko gado, ko rikicin manoma da makiyaya. Cikinsu akwai 'ya'yanmu Hausawa na Garwa da Marwa da Kusiri, kuma da su nake magana. Yawancin aikin da yake lalacewa ba rashin karatu ke lalata shi ba. Ɗalibi ne yake dawowa da amsoshi cike da littafi, amma bai tsaya ya tambayi kansa wa ya faɗa masa, da wane harshe, kuma a gaban wa ba.

Mu fara da fada, don nan ne aka fi tuntuɓe. Ba wanda zai shiga ƙasar mutane bai gai da masu ita ba. Ka kai takardar jami'a ga suprefe, wato jami'in gwamnati mai kula da gunduma, ka je gaisuwa wurin lamiɗo, daga nan lawan, daga nan jauro ko bulama. Wanda ya tsallake wannan zai ga ƙofofi na rufewa bai san dalili ba. Sai dai kuskuren da ya fi wannan girma shi ne a tsaya a fada. Lamiɗo zai karɓe ka da mutunci, ya haɗa ka da dogari ya raka ka, kai kuma ka ji daɗi. To, duk wanda ka yi wa tambaya a gaban dogarin nan, fada yake ba amsa, ba kai ba. Ka tuna yadda masarautun suka kafu. Modibbo Adama ya karɓo tuta daga Shehu Usmanu Ɗanfodiyo a farkon ƙarni na 19, kuma Fulani sun tarar da mutane a ƙasar: Mbum a Ngaundere, Giziga a Marwa, Fali da Bata a yankin Garwa. Jikokin waɗanda aka ci da yaƙi da na waɗanda aka bautar suna nan da ransu, suna da nasu labarin, kuma ba za su ba da shi a zauren sarki ba. Marigayi Eldridge Mohammadou, masanin tarihi ɗan Kamaru wanda ya rasu a 2004, ya yi mana babban aiki da ya bi masarautun nan ɗaya bayan ɗaya yana tattara tarihin baka. Ka karanta shi, ka girmama shi, amma kada ka ɗauka an gama. Gyaran mai sauƙi ne: ka bar dogari ya gabatar da kai a ranar farko, ka yi masa godiya da ɗan goro, sannan ka koma kai kaɗai. In da hali, kada ka daɗe da sauka a gidan mai gari, domin gidan da kake kwana shi ke gaya wa mutane ɓangaren da kake.

Harshe kuma yana yaudarar Bahaushe fiye da kowa. Mun saba Hausa tana fitar da mu a kasuwa da tasha, sai mu ɗauka ta isa. A Marwa da Garwa Fulatanci ne harshen da ya haɗa jama'a, a Kusiri da bakin tafkin Cadi kuwa Larabcin Shuwa. Ka duba tafiyar magana ɗaya: tsohuwa 'yar Mafa a tsaunukan Mokolo ta faɗi abu da yarenta, tafinta ya mayar da shi Fulatanci, kai ka fahimta da Hausa a ranka, ka rubuta da Faransanci. Ta yi magana mai tsawo, tafinta ya ce maka "ta ce haka al'adarsu take", kai kuma ka rubuta. Abin da ya zube a hanya shi ne binciken naka. Ka nemi izini ka ɗauki murya, ka ba wani mutum na biyu mai jin yaren ya fassara maka kalma da kalma. Ka kuma san waye tafintanka: ɗan wane gida ne, wane addini yake bi, da wa danginsa ke shari'ar gona.

Sai gaggawa. Malinowski, masanin binciken al'adu wanda ake danganta wa tsarin zama cikin mutane ana gani da ido, ya shafe kusan shekara biyu a tsibiran Trobriand tsakanin 1915 da 1918. Ɗalibinmu ba shi da kuɗin wannan, na sani, amma mako biyu na hutu ba ya nuna rayuwar gari. Ka ɗauki fadamar kogin Logone. Wanda ya je a watan Satumba zai ga ruwa ya mamaye ko'ina, sai kwalekwale da masunta. Wanda ya je a watan Maris zai ga busasshiyar ƙasa da garken shanun makiyaya. Kowannensu zai rantse ya san wurin. Wanda kuma bai san an gina madatsar ruwa ta Maga a 1979 don noman shinkafa ba, har ambaliyar da ciyawa da kifi suka dogara da ita ta ragu, ba zai gane tushen ƙorafin da yake ji ba. Haka yankin Diamare, inda Marwa take: in ka je lokacin dashen muskuwari, wato dawar rani, bayan damina, babu manomin da ke da lokacinka, zai ba ka amsar da za ta sallame ka. Gara ka raba ɗan kuɗinka ka je sau biyu, damina da rani, da ka ƙarar da shi a zuwa ɗaya.

Akwai wanda yake rubuta babi guda kan aure da saki bai yi magana da mace ko ɗaya ba. Ya zauna a zaure, maigida ya faɗa masa yadda mata suke ji. Abin da duniya ta sani game da rayuwar matan Hausawa na da, kaso mai tsoka ya fito ne daga bakin Baba ta Karo, kuma ya fito ne saboda mace, Mary Smith, ta zauna da ita ta rubuta labarinta da Hausa kafin a buga shi a 1954. In kai namiji ne, ka nemi mace ta yi aiki tare da kai cikin gida. In ke mace ce, ki sani kina da ƙofar da maza ba su da ita, kada ki bar malami ya mayar da ke kan maganar dattawan zaure kawai.

Wani kuskuren daga gida muke tafiya da shi. Mun taso muna jin ana kiran mutanen tsauni "arna" ko "Kirdi", sai kalmar ta shige cikin rubutu. Ka kira mutane da sunan da suke kiran kansu: Mafa, Mofu, Kapsiki, Tupuri, Masa, Mundang, Musgum. Kada kuma ka ɗauki ƙabila abu ne daskararre. A Marwa akwai wanda kakansa Giziga ne, shi kuma yau Bafulatani yake kiran kansa. Mu kanmu mun san a Yaunde da Duwala duk Musulmin arewa mai babbar riga "Hausa" ake ce masa. Rahotannin Jamusawa da suka ci Garwa a 1901 da na Faransawan da suka gaje su suna da amfani, amma an rubuta su ne don haraji da mulki, da wannan idon za ka karanta su.

Abin da ya fi damuna shi ne amana. Tun 2014 yankin Arewa Mai Nisa yake fama da Boko Haram, kuma a 2021 rikicin Logone-Birni tsakanin Larabawan Shuwa da Musgum ya kori dubban mutane zuwa Cadi. A irin wannan wuri, muryar mutum da sunansa a cikin wayarka na iya jawo masa kamu ko ramuwa idan wayar ta faɗa hannun da bai dace ba. Ka canza sunaye tun a littafin rubutunka, ka kwashe muryoyi daga waya ka adana a wuri mai kulle, kada ka ɗauki hoto sai an yarda. Ka kuma faɗi gaskiya tun farko cewa kai ɗalibi ne, ba ka rubuta sunaye don rabon abinci. Mutanen da suka saba ganin ma'aikatan agaji da takarda za su ƙara yawan 'ya'ya su rage yawan awaki idan suna zaton buhu na tafe, kuma ba laifinsu ba ne.

Kowane dare, kafin ka kwanta, ka rubuta abin da ka gani daban, abin da aka faɗa maka daban, abin da kai ka zata daban, tare da ranar da wurin da waɗanda suke zaune lokacin. Idan aikin ya kammala, ka koma garin da kwafi ɗaya, ka nemi wanda zai karanta musu muhimman wuraren da yarensu, ka ba su dama su ce maka nan ka yi daidai, nan kuma ba haka muka faɗa ba.