Zagayen Unguwar Yahudawa a Fas: Inda Baƙo Ya Fi Yin Tuntuɓe

Mutanenmu da dama sun san birnin Fas na ƙasar Maroko, amma galibi ta ƙofa ɗaya suka san shi: ziyarar zawiyar Shehu Ahmadu Tijjani. Idan an gama ziyara, kwana ɗaya ko biyu suka rage, sai a ɗauki ɗan jagora a zaga gari a ƙafa. A cikin wannan zagaye ne ake biyawa ta Mallah, tsohuwar unguwar Yahudawa. Da yawa sukan ratsa ta cikin minti ashirin, su ɗauki hoto a bakin ƙofofin fadar sarki, su fita da labarai biyu ko uku waɗanda rabinsu ba su da tushe. Laifin ba na ɗan jagora ba ne shi kaɗai.

Tuntuɓen farko tun daga masauki ake yinsa, wajen lissafin hanya. Fas ba gari ɗaya ba ne. Akwai Fasul Bali, tsohon birni, inda zawiyar take, inda mota ba ta shiga, sai jaki da alfadari da mai kora yana ihun "balak" don ka matsa. Akwai kuma Fasul Jadid, wanda sarakunan Banu Marin suka kafa a 1276, kuma a nan Mallah take, manne da katangar fada. Wanda ya ce zai gama tsohon birni da safe, ya ci abinci, sannan ya leƙa Mallah da la'asar sakaliya, zai iske ƙafa ta mutu, masu riƙon makullan wuraren ibadar Yahudawa da maƙabartarsu kuma suna shirin tashi. Gyaran mai sauƙi ne: ka ba Mallah safiya guda ta kanta, ka fara daga can. Ka kauce wa Asabar, ranar hutun Yahudawa, ka kuma tuna cewa bayan sallar Juma'a kasuwannin Fas sukan yi tsit.

Sai zaɓen jagora. A bakin kowace ƙofa za ka haɗu da samari masu fara'a da za su ce su 'yan unguwa ne, kuɗin shayi kawai suke so. Araha ba ta ado. Jagoran da hukuma ta sani yana da katin shaida, kuma masaukinka zai iya haɗa ka da shi. Amma ko shi ma, ka tambaye shi tun kafin ku tsayar da farashi: ina da ina za mu shiga, kuɗin ƙofa na cikin ciniki ko a'a, kuma shaguna nawa za mu tsaya? Wannan tambaya ta ƙarshe ita ce mai muhimmanci, don zagayen tarihi yakan rikiɗe ya koma zagayen masu sayar da darduma ba tare da ka ankara ba.

Inda na fi so in daɗe shi ne wajen labaran da ake bayarwa, domin nan ne ɓarnar ta fi yawa.

Ɗauki sunan unguwar kansa. Mallah daga kalmar Larabci ta gishiri ta fito. Za a iya gaya maka cewa an sa mata sunan ne saboda sarakuna kan tilasta wa Yahudawa su barbaɗa gishiri a kawunan 'yan tawayen da aka sare kafin a rataye su a ganuwa. Labari ne mai sa tsikar jiki ta tashi, shi ya sa yake da kasuwa. Abin da masana tarihi suka fi tsayawa a kai ya fi wannan sanyi: wurin da ma can fili ne mai gishiri-gishiri, ana kiransa da wannan suna tun kafin a mayar da Yahudawa can. Daga baya ne sunan ya bi unguwannin Yahudawa na sauran biranen Maroko, irin su Marrakesh da Miknas. Wato dai a labarin gishiri ma an yi ƙarin gishiri.

Haka batun Musa bn Maimun, babban malamin Yahudawa kuma likita, haifaffen Kurɗuba a Andalus, wato Sifen ta yau. Gaskiya ne ya zauna a Fas na wasu shekaru, ya bar ta wajen 1165, ya ƙare rayuwarsa a Masar a 1204. Amma idan wani ya nuna maka gida a cikin Mallah ya ce nan ya zauna, ka yi lissafi da kanka. Shekarar da aka fi ambata ta kafa Mallah ita ce 1438. Tsakaninsa da unguwar akwai kusan shekara ɗari uku. A zamaninsa Yahudawan Fas a cikin tsohon birni suke, kuma gidan da ake dangantawa da shi ma can yake, ba a Mallah ba. Wannan ƙaramin lissafi yana buɗe wani abu babba: zaman Yahudawa a Fas ya girmi Mallah nesa ba kusa ba, tun zamanin sarki Idris na Biyu ne a farkon ƙarni na tara. Mai son ganin tarihin dukansa sai ya nemi a nuna masa yankin da har yau ake kira Funduƙul Yahudi a tsohon birni.

Kuskuren da ya fi waɗannan girma shi ne karɓar labari mai fuska ɗaya. Wani jagoran zai ce maka Musulmi da Yahudawa sun zauna a nan kamar 'yan uwan ciki ɗaya, ko kallon banza ba a taɓa yi ba. Wani kuma zai siffanta maka Mallah kamar kurkuku. Duk wanda ya ba ka ɗaya daga ciki shi kaɗai, ya rage maka mudu. An ajiye unguwar jikin fada ne don ta kasance ƙarƙashin kariyar sarki, kuma wannan kusanci ya zama inuwa a wasu lokuta, ya zama bala'i a wasu. A 1465, da mutanen gari suka yi wa sarkin Banu Marin na ƙarshe bore, wanda ya naɗa Bayahude waziri, Yahudawan Fas sun sha kisa. Bayan 1492 kuma wannan birni ne ya buɗe ƙofa ga Yahudawan da aka koro daga Andalus. A watan Afrilu na 1912, 'yan makonni bayan an sa hannu a yarjejeniyar da ta miƙa Maroko ƙarƙashin Faransa, sojoji sun yi tawaye, aka washe Mallah, mutanenta suka gudu suka fake a harabar fada. Ka tambayi jagoranka waɗannan shekaru uku. Yadda ya amsa zai nuna maka ko ya karanta ko hadda ya yi.

Akwai kuma masu tafiya ido a ƙasa, ko ido a waya. Ɗaga kai. Gidajen tsohon birnin Fas bayansu suke ba titi, duk adonsu yana tsakar gida, kamar dai gidajenmu na cikin birni da ba ka ganin komai sai zaure. A babban titin Mallah kuwa za ka ga baranda ta katako da ta ƙarfe suna leƙo hanya, tagogi a buɗe. Da wannan kaɗai kake gane ka canza unguwa. Shagunan zinariya da ke yankin ma ba haka kawai suka taru ba: ƙirar zinariya da sarrafa zaren zinariya sana'o'i ne da Yahudawan Fas suka yi fice a kansu, a birnin da ya daɗe yana karɓar zinariyar da ayari ke ketare Sahara da ita daga ƙasashen Afirka ta Yamma.

Kada kuma ka ɗauka majami'a ɗaya, wato wurin ibadar Yahudawa, ta wadatar. Yawanci majami'ar Ibn Danan ake kai mutane, ginin ƙarni na 17 da aka gyara a ƙarshen shekarun 1990. Ka nemi a sauka da kai ƙasa ka ga wurin wankan tsarki, ka hau sama inda mata ke zama, daga can ka hango maƙabarta fara fat. Amma ka roƙi a kai ka Slat al-Fasiyin, wadda aka sake buɗewa a 2013 bayan ta yi shekaru ana amfani da ita a matsayin masaƙar darduma, daga baya har wurin koyon dambe. Sunanta na nufin majami'ar mutanen Fas, wato 'yan ƙasa na asali, waɗanda suka riƙe al'adunsu daban da na baƙin da suka zo daga Andalus. Ashe ko a cikin ganuwa ɗaya akwai ɗan gari da baƙo.

A maƙabarta ne ladabi ke fita fili. Kaburburan farare ne, ginannu, jere da juna, har wasu baƙi su mance su zauna a kai don ɗaukar hoto. Kada ka yi. Ƙananan duwatsun da ka gani a kan wasu, masu ziyara ne suka ajiye, kada ka share su da sunan gyara. Namiji ya rufe kansa a nan da cikin majami'a. Bahaushe dai da hularsa yake yawo, wannan bai zama aiki ba. Za a nuna maka kabarin Lalla Sulaika, budurwa 'yar Tanja da aka kashe a Fas a 1834 bisa tuhumar cewa ta musulunta sannan ta yi ridda, alhali danginta da al'ummarta sun tsaya a kan cewa ba ta taɓa barin addininta ba. Ka saurara, ka bar muhawara. Mai gadin wurin ba shi ya yanke hukuncin ba, haka kuma ba wakilin wata gwamnati ba ne da za ka tsare shi da zancen Falasɗinu. Masu kula da waɗannan wurare da yawansu Musulmi ne 'yan unguwa, kuma ɗan abin da ka miƙa musu na dirhami wani ɓangare ne na abincinsu, don haka ka riƙe canji.

Tambayar da kusan kowa ke yi a ƙarshe ita ce: to ina mutanen? A shekarun 1940 Yahudawan Maroko sun kai kimanin dubu 250. Daga 1948 zuwa ƙarshen shekarun 1960 mafi yawansu sun tafi Isra'ila da Faransa da Kanada, 'yan dubban da suka rage kuma galibi suna Kasabalanka. Gidajen Mallah yanzu iyalai Musulmi ne a ciki, masu ƙaramin ƙarfi. Barandar da kake ɗauka hoto ta wani ce, shanyar da ke kai ta matarsa ce. Idan akwai mutum a tsaye, ka yi sallama, ka nemi izini kafin ka ɗaga waya.