Kurakuran da ake yi da labarin matan da aka yi wa fyaɗe a lokacin yaƙi

Da zarar 19 ga Yuni ta matso, ranar da Majalisar Ɗinkin Duniya ta ware tun 2015 don yaƙi da fyaɗe a lokacin rikici, sai ƙungiyoyi su bazama neman matar da za ta ba da labarinta. Niyyar mai kyau ce, amma sau da yawa a hanyar ake yi wa matar sabon rauni.

Babban kuskure yana wajen neman yarda. Na taɓa zama a wata rumfa a sansanin 'yan gudun hijira a Maiduguri, inda ma'aikaciyar wata ƙungiya ta miƙa wa wata mata takarda da Turanci ta ce, "Yaya, dangwala nan." Matar Kanuri take ji, Hausarta ma kaɗan ce. Ta dangwala, ta goge yatsa a bakin mayafi, sannan ta tambaya a hankali ko katin abincinta yana nan. Abin da ya dame ta ke nan. Wanda ke hannunka yake cin abinci ba zai iya ce maka a'a ba. Gyaran shi ne a raba mai rabon kaya da mai ɗaukar labari, a yi mata bayani da yarenta, a faɗa mata ƙarara cewa ko ta ƙi, ba abin da zai taɓa rabonta. A nuna mata a waya yadda Facebook da WhatsApp suke, ta san cewa bidiyon zai iya isa hannun ɗan ƙauyensu. A bar ta ta kwana da maganar kafin ta amsa.

Sai ɓoye kama. Mutane kan dushe fuska su ɗauka sun gama. To muryar fa? Tsagar kumatu, lallen hannu, zanen da kowa ya san ta da shi, sunan ƙauye, yawan 'ya'yanta, duk suna tona ta. A inda ake kiran waɗanda suka dawo daga daji "matan Boko Haram" ko "annoba", ana kuma ƙyamar 'ya'yan da suka haifa, tonuwar asiri na iya kashe aure ko ta kori mace daga gari. Har yanzu ina jin zafin abin da ya faru a Mayun 2016, lokacin da aka gano ta farko cikin 'yan matan Chibok: cikin kwana biyu tana gaban kyamarori a Abuja da jaririyarta a hannu.

Kada a tona abin da ba a bukata. "Su nawa ne? Me suka fara yi?" Kamfen ɗin wayar da kai ba kotu ba ne, kuma wannan dalla-dallar mai kallo take gamsarwa, ita kuwa ta kwana ba barci. A tambaye ta me take so mutane su sani. Sau da yawa za ta yi maganar makarantar ɗanta ne, ko jarin da take nema, ko gorin makwabta. Kafin a je kuma a bincika ko wasu sun riga sun yi hira da ita; wannan na cikin abin da ƙa'idar Murad ta 2022 ta nanata, wato ƙa'idar tattara labarin waɗanda aka yi wa fyaɗe a lokacin yaƙi, wadda aka sa wa sunan Nadia Murad, Bayazidiyar Iraƙi da ta samu kyautar Nobel a 2018 tare da Dakta Denis Mukwege na Kwango.

A kula da tafinta. Namiji ɗan unguwarsu bai dace ba, ko da ya fi kowa iya yaren. A kula da kalma ma: auren dole a hannun 'yan bindiga ba aure ba ne, kada a rubuta "mijinta". Maza da yara maza su ma ana yi musu fyaɗe, kuma kunyarsu ta fi hana su buɗe baki.

Kada wanda ba shi da inda zai tura ta ya buɗe wannan ciwo. A san asibiti da mai ba da shawara tun kafin hira. Idan abin sabo ne, maganin kariya daga cutar ƙanjamau cikin awa 72 ake fara shi. Bayan an gama haɗa bidiyon, a koma a nuna mata kafin kowa ya gani, a bar mata lambar waya mai aiki. Ranar da ta kira ta ce za ta yi aure, a sauke, to a sauke a ranar.