Kurakuran da muke yi wajen siffanta mayaƙan dā da kayan yaƙinsu

Matasan Maraɗi sun farka da son tarihi, kuma abin farin ciki ne. A Facebook ana ta yaɗa hotunan sarakunan Katsinar Maraɗi da na Gobir, ƴan wasan kwaikwayo suna ɗinka kayan yaƙi, malaman makaranta suna neman abin nuna wa yara. Sai dai yawancin hotunan, musamman waɗanda ake sa kwamfuta ta zana, ba kakanninmu ba ne a ciki. Mayaƙin wata ƙasa ne aka ɗauko daga fim aka naɗa masa rawani. Abin yana damuna, don yaron da ya ga hoton yau, gobe zai rantse da haka Ɗan Baskore, Sarkin Katsinar Maraɗi na ƙarni na 19, yake fita yaƙi.

Kuskuren da ya fi yawa shi ne a lulluɓe barde da farantan ƙarfe tun daga ƙirji har idon sawu, irin na mahayan Turai. Ƙasar Hausa ba ta yi yaƙi da wannan shiga ba. Abin da aka sani a nan uku ne: lifidi, sulke da kwalkwali. Tarihin Kano ya ce Sarki Kanajeji, wanda ya yi mulki daga 1390 zuwa 1410, shi ya fara kawo su cikin yaƙin Hausawa. Lifidi tufa ne mai ninki, ana cusa masa auduga, sau da yawa audugar rimi, a bi shi da ɗinki layi-layi har ya yi kauri. Ana yi wa mahayi nasa, a yi wa doki nasa mai rufe wuya da ƙirji da gindi. Sulke kuwa riga ce ta ƙananan zobba na ƙarfe da aka sarƙa da juna, yawanci daga Masar da arewacin Afirka fatake suke ƙetaro Sahara da shi, shi ya sa yake da tsada. Wanda zai zana barde ya fara da wannan: doki ya yi kumburi saboda lifidi, mahayi da kwalkwali mai naɗi, sulke a jiki, sau da yawa da riga a bisansa.

Kada kuma a raina lifidi don na auduga ne. Abin da barde ya fi tsoro a filin daga kibiya ce mai dafi, wadda ƙwarzane kaɗan ya isa ta kashe doki. Kauri mai laushi yana riƙe kan kibiya kafin ya taɓa fata, kuma maɗinkan gari suna iya yin sa, ba sai an jira ayari ba. Amma yana da nasa aibin. Yana da nauyi, yana da zafi, doki ba ya iya dogon sukuwa da shi, mahayin da ya faɗo da wuya ya tashi shi kaɗai, ga shi wuta tana cin sa, abin da maharba suka sani sarai har suna ɗaura wuta a kibiya. Bature Kilafaton, wanda ya ga harin da rundunar Muhammadu Bello ta kai wa Gobirawa a Konya a 1826, ya ba da labarin yadda sai da taimakon mutane ƴan lifida suke hawa, da yadda dawakinsu suke tafiya a hankali. Don haka ɗan lifidin da ake nunawa yana tsalle daga doki yana juyi a sama, ƙarya ce tsagwaronta.

Daga nan sai kuskuren ɗora kowa a kan doki. Hawan salla ne ya jawo mana shi, domin a ranar hawa manya da dawakinsu ake kallo. A fagen fama dakaru sun fi yawa nesa ba kusa ba: manoma da maharba da bayin sarki, a ƙasa, wani da warki, wani da ƴar riga cike da layu, ɗauke da baka da kwari, ko mashi da garkuwar fata, ko gatari, ko kulki. Dafin kibiya daga tsirrai ake dafa shi, kwankwani na cikin waɗanda suka fi suna. Ƴan baka nan ba cikon fili ba ne. A Tabkin Kwatto, a 1804, Sarkin Gobir Yunfa ya zo da dawaki masu yawa har da ƴan lifida, jama'ar Shehu kuwa dawakinsu ƙalilan ne, amma maharba suka tsaya suka karya mahayan. Duk wanda zai shirya wasan yaƙi, in yana da mutum talatin, ya bar biyar a kan doki, ɗaya ko biyu ne kawai za su sa lifidi, sauran su sauka ƙasa.

Takobi ma ana cin zalinsa. Ana zana shi a lanƙwashe kamar na fina-finan Turkiyya, a rataye shi a ƙugu. Takobin da muka yi tarayya da Buzaye a kansa miƙaƙƙe ne, baki biyu, da ɗan ƙarfe a gicciye a gaban maƙama. A kafaɗa ake rataye shi da hamila, kuben yana kwance a gefen haƙarƙari, wasu kuma da wuƙa ɗaure a damtse. Ruwan takubba da yawa daga Turai yake zuwa, garin Zolingen na Jamus ya yi suna a wannan, maƙeranmu da dukawa su yi masa maƙama da kube, ban da waɗanda aka ƙera ɗungurungum a gida. Akwai masu cewa wai siffar gicciyen nan da sulken duk gadon mayaƙan Salibiyya ne da suka ɓace suka faɗo Sudan. Babu hujjar da ta tabbatar da haka, fatauci ya isa ya bayyana komai. Sannan barde da mashi yake fara kai hari, takobi sai an cakuɗe. Tsayawar da ake yi a fim ana ta haɗa kaifi da kaifi har tartsatsi na tashi, ɓata takobi ne kawai. Kariya aikin garkuwa ce.

Sai cakuɗa zamani da zamani. Makaman tsofaffi ne, amma yaƙe-yaƙen da Maraɗi ta yi suna da su na ƙarni na 19 ne. Birnin Katsina ya faɗa hannun masu jihadi wajen 1807, Ɗan Kasawa ya sake kafa sarautar Katsina a Maraɗi wajen 1819. A Gawakuke, a 1836, Bello ya ci nasara, Sarkin Katsina Rauda da Sarkin Gobir Ali suka kwanta dama, bayan nan ne Gobirawa suka zauna a Tibiri. Wanda ya sa Bawa Jan Gwarzo a Tibiri ya yi kuskure, shi a Alkalawa ya yi zamaninsa, a ƙarni na 18. Haka wanda ya ɗauki fadar yanzu a matsayin inda Ɗan Baskore ya zauna: tsohon gari a fadamar Gulbi yake, ambaliyar 1945 ce ta sa aka hau tudu. Bindiga kuwa akwai ta. Mai Idris Alauma na Barno ya yi amfani da ƴan bindiga tun ƙarshen ƙarni na 16, Sarkin Damagaram Tanimu har igwa ya sa aka ƙera masa. Amma a rundunar Maraɗi ba ita ke da rinjaye ba, bindigar ɗuri ce mai jinkiri. A nuna kaɗan, kada a ba kowa.

Wani abin da ake mantawa shi ne yawancin fitar ba gwabzawar runduna biyu a fili ba ce. Hari ne: a bi daji, a faɗa wa gari da asuba, a kora dabbobi, a kama mutane, a juyo kafin gudunmawa ta iso. Maraɗi ta kai irinsa, an kuma kawo mata. Shi ya sa ganuwa da gwalalo da shingen ƙaya suke cikin kayan yaƙi kamar yadda mashi yake, kuma labarin da ya tsallake waɗanda aka kama bai cika ba.

Game da Turai kurakuranmu na aro ne, gyaransu gajere. Cikakkiyar rigar farantan ƙarfe sai a ƙarni na 15 ta kammala, nauyinta kamar kilo 20 zuwa 25, a rarrabe a jiki, mai ita yana hawa doki da kansa. Mayaƙan Salibiyya da Salahuddini ya ci a yaƙin Hiɗɗin a 1187 sulken zobba suke sawa, ba faranti ba. Takobin hannu ɗaya bai cika wuce kilo ɗaya da rabi ba, kuma ba ya yanka farantin ƙarfe, sai a nemi gaɓa ko a buga da guduma. Ƴan Baikin, mayaƙan dā na arewacin Turai, ba su sa kwalkwali mai ƙaho a yaƙi ba.

Akwai kuma kuskuren da ba na baki ba ne, na hannu ne, kuma shi ba ya gyaruwa. Gidaje da yawa a Maraɗi da Tibiri da Tasawa suna da tsohon takobi ko mashi ko guntun sulke a ɗakin tsoho. Sai wani jika ya ɗauko ya kai wa mai injin wasa wuƙa don ya yi ƙyalli ranar salla, nan take tambarin maƙerin da ke jikin ruwan, wanda zai iya nuna inda aka yi shi, ya goge. Tsumma mai laushi da ɗan man keke sun isa, a ajiye inda damina ba ta kaiwa, kada a canza masa kube ko hamila ko da sun tsufa. Tsohuwar kibiya kada a shafa kanta da hannu, kada a bar yara kusa, dafi yana daɗewa. In mai saye ya zo da kuɗi, a daure a ƙi. Tun dattijon gidan yana da rai a zauna da shi, a ce: Baba, na wane ne, a wane yaƙi ya fita da shi, wa ya ba shi? A ɗauki muryarsa a waya, a rubuta amsar a takarda, a ɗaura ta a jikin kuben.